Ƙasar Tukuna

Ni majemi ne, ban san lissafin taurari ba.
Abin da na sani, a bakin ramin jima na koye shi:
fatar da ta kwana uku cikin ruwan bagaruwa
ta daina zama akuya,
ba ta kuwa zama jaka ba.
Tambaye ta sunanta, ka sha shiru.

Kakata Falmata ta ce Damagaram bakwai ce,
an jibge su kamar fatu, wata kan wata.
Shekaranjiya a ƙasa, nauyi ya sa ta yi laushi,
sai Jiya, sai tamu,
sai Gobe da Jibi da Gata,
Citta can sama, ɗanya, da sauran gashi a jikinta.
Kowace da Birninta da Zangonta,
kowace da layin jarkoki a bakin famfo.
Amma fata ba ta kwanciya kan fata babu rata, in ji ta.
Ratar nan ita ce Tukuna.

Ran wata Alhamis na shige ta.
Tsakanin duwatsu biyu a bayan Birni,
daidai lokacin da ladan ya ja numfashi
bai kai ga sakin murya ba,
na sa kafaɗa, dutse ya ba ni hanya.

Can ba rana ba dare, haske kamar jiƙon tsamiya.
Atishawa na rataye a hancin wani tsoho.
Dalar da yaro ya cilla sama
ba ta zaɓi fuskar da za ta faɗi ba.
Ruwan da famfonmu ke tari yana mana alkawari,
ashe nan yake zaune, ya miƙe ƙafa.
Sunayen da ke maƙalewa a kan harshe
suna ta kiwo kamar zabi.

Mai tsaron ƙofa ba ta karɓar kuɗi.
Ta ce, ba ni wani ɗazu naka.
Na ba ta ɗanɗanon kunun da na sha da safe.
Har yau ban san ko da sukari a ciki ba.

Kyari nake nema, ƙanena.
Shekara tara da ya hau babbar mota ya yi arewa,
ba a ce ya isa ba, ba a ce ya rasu ba.
Ba mu yi zaman makoki ba, ba mu yanka kazar maraba ba.

Ga shi kuwa a gindin taya, rawani a wuya,
ya ɗaga buta yana zuba shayi,
zaren shayin a miƙe cikin iska,
bai tsinke ba, bai sauka ba.
Ni furfura ta cinye mini gemu,
shi ko ƙurjin da ya tafi da shi a haɓa bai fashe ba.

Na ce, Kyari, tashi mu je gida.
Matar ta ce, wane gidan?
A wata Damagaram bai taɓa tafiya ba,
yana ɗinkin takalma a kasuwar Dole.
A wata ya dawo da motar kansa, ya manta sunanka.
A wata rairayi ya riga ya rufe shi,
taku arba'in kafin rijiya.
In shayin nan ya taɓa kofi, ɗaya ce za ta tabbata,
kuma ba kai ke zaɓa ba.

Na daɗe a tsaye, in akwai daɗewa a can.
Hannuna ya kusa taɓa butar,
har na ji ɗuminta a tafina.
Na janye.

Ina fitowa ladan ya saki muryar.
Akuyar da na bari tana tauna kwali ba ta haɗiye ba.
Na bi ta majema na juya fatun,
ba su nuna ba.
A gida Inna na tsintar shinkafa a faifai, ba ta ɗago ba.
Ta ce, akwai labari?
Na ce, tukuna.
Ta ce, to madalla,
ta ture tsakuwa ɗaya gefe.