Gyaren Baba Nomau

Minti bakwai ne duka-duka.
Ilu ya ɗauka da wayar yayansa mai tsagaggen gilashi,
muka kalla a rumfar caji, bakin kasuwar Sankara,
kawuna goma sha uku a kan waya ɗaya,
janareta na ta tari a bayanmu.

Da farko duhu. Sai kukan gyare.
Sai tocila ta kama,
ga Baba Nomau, daga shi sai gajeren wando,
kunne manne da bango
kamar mai satar jin gulmar maƙwabta.

Ya janye gado, ya kifa tukwane,
ya zazzage buhun gero har ƙasa,
ya ɗura toka a rami, ya bi ta da ruwan zafi,
ya ce, "Yau ko ni ko kai."
Gyare ya yi tsit.
Ya bar shi ya kwanta, ya bar shi ya ja mayafi,
ya bar shi ya kai ƙarshen addu'a,
sannan: tsirrr.

Dariya ta kusa kayar da benci.

Dare na huɗu ya ɗauko diga.
Mutumin da ya nome gona uku shi kaɗai,
wanda fari ya cinye masa dawa bai ce uffan ba,
ga shi yana rushe kusurwar ɗakinsa
kan abin da bai kai ɗan yatsa ba.
Tabawa daga bakin ƙofa:
"Malam, damina fa ta ƙarato."
Ko waiwaye.

Ya same shi ƙarƙashin tsohon takalmi,
ɗan baƙi, yana kaɗa gashin baki.
A nan hannun Ilu ya yi rawa,
ba a ga dukan ba, an dai ji.

Minti na ƙarshe ba wanda ya dara.
Nomau kwance, ido biyu,
taurari na leƙe ta inda ya fasa.
Ya juya dama, ya juya hagu,
ya yi gyaran murya don dai ya ji wani abu.

Ga abin da bai shiga fim ba:
shekaranjiya ya zo rumfar da 'yar wayarsa
ɗaure da kyauro,
ya ja Ilu gefe, murya ƙasa-ƙasa.
"Kukan nan na farko,
kafin in kunna tocila,
za ka iya tura min shi?
Ko nawa ne."