Jiran Ayu a Dungunab

Kwana goma sha tara ke nan a Dungunab
ina jiran dabbar da ba ta san ana jiranta ba.
Ohaj mai kwalekwale ya gaji da tambaya,
sai ya dafa gahawa da citta, ya miƙo mini,
ya ce, Dakta, teku ba ta karɓar takardar gayyata.

Kakata Tabawa ta baro Ibi a goye.
Iyayenta sun nufi Makka da ƙafa,
guzuri ya ƙare musu a Sawakin.
Uban ya yi dako har ya rasu
yana duban ruwan nan kamar ƙofar da aka kulle.
Ni ce jikar da ta shiga ta ƙarƙashin ƙofar,
da tulun iska a baya
da kyamara mai nauyin jariri.

Ita ta fara gaya mini sunan ayu.
Ba ta taɓa ganinsa ba, a bakin uwarta ta ji:
wai a Binuwai yana shayar da ɗansa kamar mutum.
Na yi shekara tara a makaranta
kafin in dawo in ce mata, Kaka, gaskiyarki,
yana da ɗan'uwa a nan, a ruwan gishiri.
Na tarar an yi kwana arba'in.

Aikin ba abin kallo ba ne, yawancinsa.
Ƙirga ciyawar ƙasan ruwa, taku bayan taku.
Auna zafi. Rubutawa. Sake aunawa.
Murjanin da na sani da launin ɗorawa
bana ya yi furfura tun bai tsufa ba.
Masu ba da kuɗi kuma suna bugo waya daga nesa,
su kifi mai haƙora suke so,
wanda zai hana mai kallo tashi.

Bara na ga ayu, amma a kan yashi,
raga ta naɗe shi, ido a buɗe.
Na auna tsawonsa hannuna yana rawa.
Mai ragar na tsaye, 'ya'yansa biyar a bayansa.
Ban ɗauki fuskarsa ba.
Har yau ban san ko na kyauta wa fim ɗin ba.

Ran na ashirin, bayan la'asar,
ruwa ya yi duhu ta hagu.
Ga ta, tana kiwo a natse kamar saniyar da ta san makiyaya,
ƙurar yashi na tashi daga leɓenta,
ga ɗa manne da haƙarƙari.
Na manta da numfashi, ni da ke koyar da shi.
Daƙiƙa goma sha ɗaya. Ta kaɗa wutsiya.
Shi ke nan.

Kafin in aika wa kowa,
mun rataya farin zane a bangon makaranta,
janareta na tari, yara na ture juna.
Mahaifiyar Ohaj, shekara saba'in a bakin teku,
ba ta taɓa leƙa cikinta ba.
Ta taso da sanda, ta shafa zanen
daidai inda ɗan yake,
ta ce a maimaita.

Muka maimaita har mai ya ƙare.