Fim a Wayar Sarfaraz

A saman garejinmu a Jidda, bayan isha'i,
zafin rana bai tafi ba, wuri kawai ya samu ya zauna.
Sarfaraz ya jingina wayarsa da gwangwanin man birki,
gilashinta a tsage tun bara,
ya ce, "Matso, Barau, ka ga garinmu."

Ba na jin yaren Fanjab.
Kalma uku na sani: ta gurasa, ta ruwa,
da wadda yake jifan inji da ita in ya ƙi tashi.

Ga gona nan, furen rawaya har ƙarshen ido,
tarakta ja, bauna kwance a tabki,
saurayi ya sauko daga mota da akwati mai taya,
takalminsa bai san laka ba.
Wata mai gyale kore ta ga yadda yake taka kunya,
ta yi dariya a bayan hannunta.
Wannan ban nemi fassara ba.

Tsoho a kan gadon igiya, rawani kamar tulu,
ya juya wa ɗansa ƙeya.
Na ce, "Me ya yi masa?"
Sarfaraz ya ce, "Gona. Ya sa hannu an sayar."
Sai shayin ya tsaya mini a maƙogwaro.

Fadamarmu ta Malam Madori,
inda Baba ke dasa albasa da tattasai,
ni na aika a sayar, na sabunta iƙama.
Yaya Sambo ya turo magana ɗaya ta bakin wata alhajiya:
"Ka ce masa ya ci riyal ɗin da gishiri."
Shekara tara ke nan.

A fim, an yi ruwa, an buga ganga,
tsohuwa ta tsoma gurasa a man shanu
ta tura faranti tsakanin uba da ɗa.
Tsagin gilashin ya raba fuskokinsu biyu,
amma hannuwansu sun haɗu a ƙasansa.

Sarfaraz ya share ido da tsumman aiki,
ya bar baƙin mai a kunci,
ya ce hayaƙin janareta ne.
Sau shida ya kalli fim ɗin nan,
shi ma bai ga 'yarsa ba tun tana rarrafe.

Mu ba mu da tsohuwa mai faranti,
Inna ta riga mu gidan gaskiya.
Lamba ce kawai a bayan katin asibiti,
biron ya fara dushewa.

Na lissafa: can ƙarfe tara, bai kwanta ba.
Ta yi ƙara sau huɗu.
Na ji kukan akuya, na ji rediyo,
sannan murya, ta tsufa, ta koma irin ta Baba:
"Wa ke magana?"

Sarfaraz ya rage sautin gangar.