Kujerar da Ta Ƙetare Teku

A shagon askin Gyang, bayan tashar Bukuru,
akwai kujerar da ta taɓa ƙetare teku.
Shuɗiya ce, ta koɗe.
A bayanta kifi mai fiffike, ido ɗaya ya goge.

Baba Ɗanlami ne ya san asalinta.
Shekara tara ya yi yana ɗaure noti
a tsibirin da tsawonsa bai kai Jos zuwa Barikin Ladi ba.
Jirage uku gare su, in ji shi:
ɗaya na kai wasiƙu da buhunan albasa,
ɗaya na kai majinyata babban asibiti,
na ukun kullum a kwance, ana zare masa hanji
don 'yan'uwansa su tashi.

Sai mai ya yi tsada.
Sai bashi ya yi ƙafa, ya tako har bakin fili.
Ranar ƙarshe matuƙin ya zagaya tsibirin sau biyu,
ba wanda ya sa shi,
masunta na ɗaga hula daga kwalekwale.

Yadda kujerar ta hawo duwatsun nan, Baba bai sani ba.
Gyang dai wurin 'yan gwangwan ya saye ta,
ita da wata tsohuwar fanka.

Duk Asabar Baba na zuwa, ko gashin bai tofo ba.
Ya zauna, ya lalubo bel, ya ɗaura.
Gyang ya kunna inji.
Baba ya lumshe ido,
ya ce kada a kashe tukuna,
har yanzu a kan ruwa suke.