Abin da Ya Kellu Ta Faɗa

Na kafa kyamara gindin darbejiya a Kolofata.
Ya Kellu ta ce, "Dakata, ɗan nan,
in gyara ɗankwali,
kada duniya ta gan ni wujiga-wujiga."

Na tambaye ta daren da babura suka tsallako iyaka.
Sai ta ɗauko zancen albasa:
yadda Aisami ke ban-ruwa tun kafin assalatu,
buhu nawa suka kai Marwa bara waccan.

Minti goma sha bakwai.
Ko sau ɗaya ba ta ce bindiga ba.

Masu kuɗin fim suka ce in yanke,
wai ba labari a nan.
Yatsana na kan maɓalli har batir ya mutu,
ina kallon tafin hannunta
yana auna tsayin yaron a iska.