Saniyar Aro

Ran Lahadi suka tara mu a bayan kasuwar Tawa.
Wani yaro mai tabarau, da littafi a hammata,
ya ce daga yau garke ɗaya ne, na ƙungiya:
kiwo cikin waya, ruwa a famfo, bi da bi.
Jandarma biyu na jingine da mota, suna cin gyaɗa.

Suka huda kunnen Fure, suka maƙala mata lamba.
Ɗari huɗu da sha biyu.
Ni da na san uwarta da kakarta,
na san rijiyar da kakar ta karye ƙaho.

Yaron ya ce, ta wace ce?
Na ce ta Jaɓɓo ce, can arewa da Abalak.
Shekarar da fari ya share mini garke
ya koro ta da ƙafarsa, kwana shida,
ya ɗaura igiyarta a hannuna bai ce uffan ba.
In ta haihu uku, 'ya'yan nawa,
uwar ta koma gida. Haka muka gada.
Ta haihu biyu. Ga na uku a ciki.

Yaron ya duba littafi, ya juya shafi,
ya ce babu gurbin aro a nan, baba,
ko taka ce, ko ta ƙungiya,
kuma taka ma ta ƙungiya ce.

Yanzu ruwan farko ya sauka.
Da dare shanu na juya hanci arewa,
suna jin ƙanshin ƙasar gishiri,
suna tura waya da ƙirji har ta yi kuka.
Inna Dija ta kife ƙoren nononta a kan rufi,
madara kuwa a bidon take tafiya, da awo.
Jikana Gaɗɗo ya iya kiran lamba sarai,
amma in ya yi kirar kiwo, ko maraƙi bai waiwaya.

Sandata na rataye, gara ta fara ɗanɗana ta.

Abin da ke hana ni barci,
ranar da Fure za ta sauke na uku:
da wace fuska zan aika wa Jaɓɓo?
In ce masa saniyarsa tana shafi na tara?
Jiya na tsinka igiyar da ya ɗaura mini,
na sake tufka ta, na ajiye ƙarƙashin tabarma.
Mai gadin waya yakan yi gyangyaɗi kafin asuba.