Sulhu a Sangli

Buhu arba'in na kurkum na ba Ghorpade,
ya ba ni cek, banki ya tofo shi,
asusu wayam kamar rijiyar bazara.

Shekara uku muna hawan benen kotu,
lauyoyi na ƙiba, mu muna ramewa.
Ran Talata na gan shi kan benci,
takalminsa ɗaure da waya,
hannun matarsa ba ko awarwaro ɗaya.

Sai na ce a raina: kurkuku bai biyan kurkum.

Rabi yau, rabi bayan Diwali.
Mai shari'a ta dube mu ta saman tabarau,
ta rufe fayil.

A bakin ƙofa ya sayo shayi, kofi biyu.
Nawa ya huce kafin in iya kurɓa.